Me ya sa dilar gwanjo ta lalace, alhali tufafi sun fi yawa a duniya?

Ɗan Wambai:

Assalamu alaikum. Tambayata ga masana harkar yadi ce da masu sarin gwanjo. Kukan 'yan kasuwa ɗaya ne yanzu: dila ta yi tsada, kayan cikinta kuma ba ƙwari. Rigar da ake sawa shekara uku a da, yanzu wanki biyar wuyanta ya saki. Ga shi kullum manyan kamfanonin waje na tallan cewa sun koma kare muhalli da sake sarrafa tsofaffin kaya. To me ya sa abin da ke iso mana ya fi na da muni? Kuma wanda zai fasa dila yau, me ya kamata ya duba kafin ya biya kuɗi?

Injiniyan Masaƙa:

Wa alaikumus salam, Malam. Dila ba ta ƙirƙirar inganci, abin da aka ɗinka shekara biyu ko uku da suka wuce shi take kawowa. Don haka daga masana'anta za a faro.

Sin ta shiga Ƙungiyar Ciniki ta Duniya a Disambar 2001. A ranar 1 ga Janairun 2005 kuma aka soke tsarin ƙayyade yawan tufafin da kowace ƙasa za ta iya shigarwa Turai da Amurka. Daga nan ɗinki ya tattara ya koma inda ladan aiki ya fi araha: Sin, Bangaladash, Biyetnam, Kambodiya. Tsakanin 2000 da 2014 yawan tufafin da ake ɗinkawa a shekara ya ninka, ya haura biliyan 100. Kamfanonin tufafi irin su Zara da H&M suka rage tazarar da ke tsakanin zane da kanti zuwa makonni, Shein kuma ta zo tana sakin dubban sababbin samfura a rana.

Ba a samun wannan arahar sai an rage wani abu, kuma wuraren da ake ragewa sanannu ne. Zare shi ne kan gaba. A 2023 duniya ta samar da zare kimanin tan miliyan 124, kashi 57 cikin 100 polista ne, wato roba daga man fetur, auduga kuwa kusan kashi 20. Sai nauyin yadi: singileti mai kyau yakan kai giram 180 a murabba'in mita, na arahar yana tsayawa a 120 zuwa 140. Audugar da ke cikinsa ma mai gajeren sili ce, bakin silin na fitowa ya dunƙule, shi ne ƙurajen nan da ke fesowa a hammata da gefen ciki. Ɗinki mai ƙarfi yakan yi taku 10 zuwa 12 a inci guda, na gaggawa 7 ko 8, saboda keke ya fi gudu in takun ya yi faɗi. Sannan ana cusa zare mai talewa kashi 2 zuwa 5 a wando da riga don su kama jiki. Zafin guga da rana da bilic suna kashe shi, shi ya sa gwiwar jins ke yin jaka ba ta komawa.

Ma'aikata ma an rage musu. Ginin Rana Plaza da ya rufta a Bangaladash ranar 24 ga Afrilun 2013 ya kashe mutum sama da 1,100, yawancinsu mata maɗinka. Mafi ƙarancin albashin wannan aiki a can tun ƙarshen 2023 taka 12,500 ne a wata a kuɗin ƙasar, bai fi dala 115 ba a lokacin.

Hajiya Mai Dila:

Injiniya ya faɗi rabi. Ɗaya rabin shi ne kaya masu kyau ba sa shiga dila tun farko. Mutanen Turai yanzu suna sayar da nagarin kayansu da kansu a manhajoji irin Vinted da Depop. Abin da ya rage aka zuba a akwatin sadaka, shagunan ƙungiyoyin agaji su tsince nasu, sauran a sayar wa kamfanonin tantancewa a Folan, Lituweniya, Sharja ko Karachi. Su ma sai sun ware na farko sun tura inda ake biya da tsada. Dilar da ta sauka Kwatano ko Lome ta bi ta hannu uku ko huɗu, kowane hannu ya yagi rabonsa.

Ɗan'uwa, ga abin dubawa. Ka tambayi nauyi ka sa a ɗora a sikeli, don dila kala biyu ce a kasuwa, mai kilo 45 da mai kilo 55, wasu kuma suna sayar da ta farko da kuɗin ta biyu. Dubi igiyoyin ɗaurin da buhun: in akwai alamar tsohon ɗauri ko tambari biyu, an fasa an tsince an sake matsewa. Shinshina ta. Warin ruma na nufin ruwa ya shiga kwantena, kuma tabon fumfuna ba ya fita daga farin kaya. Kada ka sayi gauraye in kana farawa. Sayi mai kala guda, kamar kayan yara zalla ko rigunan maza zalla, don ita ce kake iya yi wa lissafi.

Lissafin kuwa da yawan kaya ake yinsa, ba da nauyi ba. Dila mai kilo 45 ta singiletin manya takan ba da guda 220 zuwa 250, ta jins guda 65 zuwa 75. In ka fasa, ka kasa uku: zaɓen farko, na tsakiya, da na tari. Ƙa'idar ita ce zaɓen farko da rabin na tsakiya su dawo da uwar kuɗi har da dako da kuɗin rumfa. Misali, cikin guda 240 in 50 ne kawai na farko, 70 kuma tsumma ne, to ka raba kuɗin dilar a kan 170, ba 240 ba. Nan ne sababbin shiga ke karyewa, suna sa farashi kamar duk za su shiga.

Takardar wuyan riga takan yi ƙarya ko ta goge. Ciri zare kaɗan daga cikin kalmasa ka kusanta shi da ashana. Auduga tana ci da warin takarda, ta bar toka mai laushi. Polista tana janyewa daga wuta, ta narke da baƙin hayaƙi, ta bar ƙwallo mai tauri. Ulu yana warin gashi, ƙwallonsa na murƙushewa a yatsa. Ga garin zafi wannan ba ƙaramin abu ba ne, don mai saye da ya sha zufa a rigar roba ba ya dawowa.

A sani kuma, gwanjo yana cikin jerin kayan da kwastam ta Nijeriya ta haramta shigowa da su. Duk dilar da ta tsallako iyaka tana ɗauke da haɗarin kamu, kuma wannan haɗarin yana cikin farashinta.

Ɗan Nima, Akara:

Hajiya ta yi gaskiya a kan tsumma, kuma Kantamanto, babbar kasuwar gwanjo ta Akara, ce shaida. Ƙungiyar Or Foundation ta ƙiyasta cewa tufafi kimanin miliyan 15 ke shiga kasuwar a mako, kashi 40 cikin 100 kuma suna fita a matsayin shara. Ƙungiyar dillalan gwanjo ta Gana ta musa, ta ce sharar ba ta wuce kashi 5 ba. Bambancin yana ga abin da kowa ke kira shara: wanda ya iso a yage kaɗai, ko har da wanda ya yi makonni a rumfa ba mai saye. Ko wanne aka ɗauka, wanda ya ga tafkin Korle da bakin tekun Jamestown ya san kayan sun fi ƙarfin masu kwashe shara. Mata 'yan dako, yawancinsu daga arewacin Gana, su ke ɗaukar dila mai kilo 55 a ka, wuya da ƙashin baya suna lalacewa. Gobarar farkon Janairun 2025 kuma ta cinye mafi yawan kasuwar.

Abin da ke ƙona rai shi ne a Faransa kamfanoni na biyan kuɗi a kan kowace riga da suka sayar don a kula da ita bayan ta tsufa, amma kuɗin na tsayawa can, rigar kuma ta ƙare a nan. Daga Janairun 2025 doka ta wajabta wa ƙasashen Tarayyar Turai tattara tsofaffin tufafi daban da sauran shara. Tattarawa ta ƙaru, masana'antun da za su sarrafa ba su ƙaru daidai da ita ba.

Abu Kakuri:

To ai maganin a fili yake. A toshe gwanjo da gaske, masaƙunmu su tashi.

Injiniyan Masaƙa:

Malam Abu, da haka ne da sun tashi tuni, don haramcin ya daɗe a takarda. A cikin manyan masaƙun Kaduna, KTL da aka kafa a 1957 ta rufe a 2002, UNTL ta tsaya a 2007. Atamfa da yadi suke yi, abin da ya kayar da su rashin wuta ne, tsadar baƙin mai, tsofaffin injuna, raguwar auduga mai kyau, da atamfar Sin ta fasa-ƙwauri. Ruwanda ta gwada naka: a 2016 ta ɗaga harajin gwanjo daga santi 20 zuwa dala 2.50 a kilo, Amurka ta janye mata rangwamen AGOA na tufafi, wato damar shigar da su Amurka ba haraji, a 2018, giɓin kuma sababbin kayan Asiya masu araha suka cike mafi yawansa. Benin ta bi wata hanya, ta kafa yankin masana'antu na Glo-Djigbé don a kaɗa audugarta a saƙa a ɗinka a gida, wuta da ruwa duk a wuri guda. Wannan ya fi kama da magani.

Batun sake sarrafawa da Ɗan Wambai ya tambaya: abin da ake mayarwa sabuwar tufa daga tsohuwar tufa bai kai kashi 1 cikin 100 ba. Injin da ke yayyaga ƙyalle yana gajarta silin auduga, dole a haɗa shi da sabuwa, galibi tsohuwar ba ta wuce kashi 20 zuwa 30 ba, in ba haka ba zaren ya riƙa tsinkewa a kan masaƙa. Yadin da aka gauraya auduga da polista da zare mai talewa kuwa raba shi sai da sinadarai masu tsada, kuma sai an cire zif da maɓalli da hannu. Kamfanin Renewcell na Suwidin da ya gina babbar masana'anta don wannan aiki ya karye a Fabrairun 2024, saboda kamfanonin da suka yaba masa ba su sayi kayansa da yawa ba. Rigar da aka rubuta wa "polista da aka sake sarrafawa" kusan duk daga gorar ruwa aka yi ta, ba daga tsohuwar riga ba.

Ɗan Wambai:

Allah Ya saka da alheri. Hajiya, kason nan na tari fa, ya ake yi da shi kada ya zama asara zalla?

Hajiya Mai Dila:

Amin. Ka ware shi tun ranar fasawa, kada ya kwana cikin masu kyau. Wanda matsalarsa zif ce, maɓalli ko farkewar ɗinki, ba wa tela a dunƙule, gyaran na mayar da shi na tsakiya. Farar auduga mai tabo a kai marina a tsoma ta a baƙi ko shuɗi, amma polista ba ta kama irin wannan rini, kada ka ɓata kuɗinka. Manyan riguna da ba mai sawa a yanka su wandunan yara. Singiletin auduga da ya mutu a yanka shi murabba'i a sayar wa makanikai da masu fenti a kilo, na roba ba sa so don ba ya shan mai. Ragowar ƙyalle masu cusa filo da katifa suna saye a buhu. Wanda ya yi fumfuna kaɗai ne ba shi da mafita, kuma kada a ƙona shi kusa da rumfuna ko gidaje, hayaƙin roba yana cutar da huhu.