Ɗan kokawa a kujerar ministan ilimi: muhawara kan Hiroshi Hase

Auwalu: Jama'a, abin nan ya tsaya min a rai. Kullum ana cika mana kunne wai a Japan sai masani ake ba muƙami. To a Oktoban 2015 Firaminista Shinzo Abe ya ɗauko ɗan kokawa, Hiroshi Hase, ya damƙa masa ma'aikatar ilimi. Ɗan jam'iyyar Abe ne, LDP, yaron tsohon firaminista Yoshiro Mori ne, shi ke nan. Ko shekara bai cika ba aka sauke shi a Agustan 2016.

Malama Hadiza: Ƙanena, ka rage labarin. Adabin Japan ya karanta a Jami'ar Senshu, ya kuma koyar da harshen Japan a sakandaren Seiryo da ke Kanazawa. Tun 1995 ya shiga majalisa, shekara 20 kafin a naɗa shi.

Garba Dosso: Ni kalmar "ɗan kokawa" ce ta ƙona min rai. Ka faɗe ta kamar zagi. Mu nan Nijar ranar Takobi, gasar kokawa ta ƙasa, gari kaf tsayawa yake.

Auwalu: Yaya Garba, ba da ku nake ba.

Sanusi: Ai ba ma ɗan kokawa ba ne. Resilin yake, wanda ake shirya wanda zai faɗi tun kafin a shiga fili.

Garba Dosso: Malam Sanusi, wanda ya wakilci ƙasarsa a Olamfik na Los Anjalis a 1984 shi ne ba ɗan kokawa ba? Can ma shiryawa aka yi?

Sanusi: Wannan kafin ya koma kamfanin resilin na New Japan ne. Da resilin aka san shi, da resilin ya samu ƙuri'a, kamar ɗan resilin Antonio Inoki a 1989.

Garba Dosso: Ku 'yan dambe dama ba ku taɓa ganin kokawa da gashi ba.

Sanusi: Wa ya kawo dambe nan?

Hajiya Rabi: Ku bar wannan. Ni uwa ce, abin da ya dame ni shi ne da bakinsa ya amsa cewa yana malami ya doki ɗalibai da takobin gora. Irin wannan ake ba amanar yara?

Malama Hadiza: Hajiya, ya ba da haƙuri a kai. Kuma yana cikin waɗanda suka tsaya har aka yi dokar 2016 ta yaran da suka daina zuwa makaranta da makarantun dare. Wannan ba ƙaramin aiki ba ne, duk wanda ya riƙe aji ya sani.

Hajiya Rabi: Ku malamai ba kwa ganin laifin junanku.

Malama Hadiza: Haba Hajiya, har mu?

Garba Dosso: Ina jiran Sanusi ya janye maganarsa.

Auwalu: Ni fa tambayata ita ce, cancanta ce ko uban gida?

Baba Admin: Ya isa. Abin da ya fito fili: Hase ɗan kokawa ne na gaske, Olamfik ta shaida, mutanen lardin Ishikawa ma sun zaɓe shi gwamna a 2022. Garba ya yi gaskiya, Sanusi bai kawo hujja ba. Na yi kokawa da ƙuruciya, na san ba aikin marar kai ba ne. Maganar duka da ta uban gida a kai wani zauren. Na rufe.