Zuwa tsaunin Mambila na jihar Taraba a kan babur daga Gombe, wa ya taɓa yi?

Ɗan Bolari:
Salam 'yan uwa, mu da abokaina muna son hawa Mambila da mashin, mu samu ɗan jagora muna kwana gidajen mutane a ƙauyuka ba otal ba. Bajaj ɗina zata iya kuwa?

Na Tudun Wada:
Zata iya mana, ai ita 'yan acaɓan can suke hawa, amma ka gyara birki da kuloci tun a gida. Hanya ita ce Kaltungo, Numan, Jalingo, Bali, Serti, to daga Mayo Selbe ne hawan ke farawa, kwana kan kwana ga rami a gefe, kar ku kuskura ku hau da dare.

Baban Hanifa:
Ƙanena ku bari sai rani, da damina taɓo ne kawai. Jagora kuma ku nemi ɗan Gembu ko Nguroje mai jin Fulatanci, duk ƙauyen da kuka shiga ku fara gaida jauro, wato mai garin, shi zai ba ku masauki. Ku riƙe sukari da sabulu na tsaraba, da bargo, sanyin can ba irin namu bane wallahi.

Ɗan Bolari:
Na gode Yaya. Mai fa, ana samu a hanya?

Baban Hanifa:
Na kwalba dai, ku cika tanki a Serti.