Ya aka yi mutumin nan ya cire kansa a fim ɗin 1898?

Ɗan Birni:
Salamu alaikum jama'a. An turo min wani guntun fim baƙi da fari, ba magana ba kiɗa. Wani Bature mai sanƙo ya cire kansa ya aza kan teburi, wani kan ya tsiro masa, ya sake cirewa, har kawuna uku suka jeru suna waƙa. Wai 1898 aka yi shi. Mu da ke ɗaukar wasan barkwanci da waya a fadarmu ko kusa ba mu kai nan ba. Da me suka yi?

Mai Hoto na Zango:
Wa alaikumus salam, ɗana. Georges Méliès ke nan, mutumin Faransa. Ɗan dabo ne tun kafin ya riƙe kamara, har gidan wasan dabo gare shi a Paris. Koma ka dubi bayansa: baƙi ƙirin. Duk inda ke baƙi, haske bai ci fim ɗin ba, sai a naɗe shi baya a sake ɗauka a kansa. Ya rufe kai da baƙin ƙyalle, ka ga gangar jiki. A zagaye na gaba ya ɓoye jiki, kai kaɗai ya fito a bisa teburi. Mu da muka yi aiki da fim na naɗi, hoto biyu kan negatif guda ɓarna ce a wurinmu. Shi kuwa da ita ya ci abinci.

Hadiza Damagaram:
Baba, akwai dabara ta biyu, ita ce ma ta dace da masu waya. A tsayar da kamara, a canza abu, a ci gaba, sannan a yanke fim a manna. Haka Méliès ya yi a fim ɗinsa Le Manoir du diable na 1896, minti uku kawai, inda jemage ya rikiɗe ya zama shaiɗan. Wasu na cewa shi ne fim ɗin ban tsoro na farko, ni dai dariya ya ba ni. Wanda ya tayar min da tsikar jiki Nosferatu ne na Jamus, 1922, wurin da inuwar dodon ke hawa matakala da zaƙo-zaƙon yatsu.

Ɗan Birni:
Madalla, Yaya Hadiza. Ta tsayarwar za mu fara gwadawa.

Mai Hoto na Zango:
To ku ɗaure wayar, kada kowa ya riƙe ta a hannu. Kuma ku yi sauri tsakanin ɗauka biyu, don rana ba ta jira: inuwa ta gusa, ko yaro zai gane inda kuka yanke.