Na'urar ganin lokaci a duniyar da rana ba ta faɗuwa

Ummin_Labari: Salam 'yan uwa, ina rubuta wani labari ne, duniyar ciki rana ba ta faɗuwa sam, tana tsaye cak a tsaka, to babu inuwar da za a duba balle a ce la'asar ta yi. Ina son abin da sarauniyar garin za ta riƙa ganin lokaci da shi, har ma ta hango abin da ya wuce. Bana son madubin tsafi, ya yi yawa a labarai. Don Allah a taimaka.

MaiTawada: Wa'alaikumussalam. 'Yar uwa ki duba agogon giwa na Al-Jazari, wani injiniyan zamanin da, agogon ruwa ne mai siffar giwa, yana cikin littafinsa na shekarar 1206, kwano ne mai ɗan huji a ƙasa yana yawo kan ruwa a cikin giwar, ruwa na shiga a hankali har ya nutse cikin rabin awa sai ya ja zare ƙwallo ta faɗo. Ki mayar da shi ƙwarya kawai, in ta nutse a buga tambari.

Hajjo_Zinder: Ni dai ƙwaryar ta burge ni wallahi. Amma ganin baya kar ya zo kyauta Anti, duk sanda sarauniya ta leƙa ruwan ta ga jiya, gashinta ɗaya ya yi furfura, kinga dole ta yi tunani kafin ta leƙa.

Ummin_Labari: Furfurar nan na ɗauka, na gode sosai! To wa zai riƙa ɗebo ruwan, kuma daga wace rijiya?