Banki ya ce riba kashi 4 ce, to ta yaya gidan 800,000 ya haura miliyan ɗaya da rabi?

Abu Safiyya, Jidda

Assalamu alaikum iyayena da yayyena na wannan zaure. Wani lissafi ne ya ɗaure mini kai. Shagga ce, wato fulat, mai ɗaki huɗu a arewacin Jidda, an yi mata kuɗi riyal 800,000. Banki ya ce in kawo kashi 10, wato 80,000, su cika 720,000, a biya cikin shekara 25, riba kashi 4, kisɗi 4,800 duk wata. Albashi 12,000 ne, akwai kisɗin mota 1,500 da ya rage shekara biyu ya ƙare. Ina da tabi'iyya, wato ni ɗan ƙasar Saudiyya ne, kuma gidan farko ne.

Da na buga 4,800 sau wata 300 sai na ga 1,440,000. Ke nan ribar kaɗai ta kai uwar kuɗin. To ina kashi 4 ɗin? Kuma a ƙasan takardar akwai wata lamba, 6.6, da ƙananan baƙi. Wacce ce ta gaskiya? Me kuma ya rage da ban hango ba?

Malam Ɗanjuma, Riyad

Wa alaikumus salam ƙanena. Lissafinka daidai ne, kuma duka lambobin biyu gaskiya ne, sai dai ɗaya ta talla ce, ɗaya ta aljihu.

Kashi 4 ɗin nan shi suke kira hamishur ribhi. Ana buga shi ne a kan cikakken 720,000 kowace shekara, tun daga ta farko har ta 25, kamar ba ka taɓa biyan ko riyal ɗaya ba. Kashi 4 na 720,000 shi ne 28,800. Sau 25, ya ba ka 720,000 cif. Amma ai bashin raguwa yake yi. A ƙarshen shekara ta 20 abin da ake bin ka bai kai 250,000 ba, duk da haka lissafin yana ɗaukar ka kamar har yanzu duka kuɗin na hannunka. Idan aka auna ribar da abin da ya rage a wuyanka wata bayan wata, sai ta fito kusan kashi 6.5 a shekara, idan aka ɗora kuɗin takarda ta kai 6.6 ɗin da ka gani. Wannan ita ce mu'addalun nisba as-sanawi, wadda ake rubutawa APR, kuma Babban Bankin Saudiyya ne ya tilasta a rubuta ta a kowace yarjejeniya. Da ita kaɗai ake kwatanta tayin banki da na wani. Kashi 4 na shekara 15 da kashi 4 na shekara 25 ba kuɗi ɗaya ba ne, don haka kada ka yarda a yi maka ciniki da hamish.

Yanzu abin da ya fi wannan ciwo. Ka nemi jadawalin biya, su buga maka shi gaba ɗaya, layi 300. Ka dubi layin farko. A cikin 4,800 ɗinka, kusan 3,820 riba ce, abin da ya taɓa uwar kuɗi bai kai 1,000 ba. Ka gangara zuwa wata na 60: ka zuba 288,000, amma ana bin ka kusan 651,000, wato 69,000 kawai ka ci daga bashin. Wata na 120: ka zuba 576,000, saura kusan 556,000. Sai ka wuce shekara 14 kafin rabon uwar kuɗi a cikin kisɗin ya rinjayi rabon riba, kuma sai bayan shekara 17 ne za ka biya rabin bashin. Ba ha'inci ba ne, haka lissafin yake: riba tana bin girman abin da ya rage, shi kuwa a farko yake da girma. Amma illarsa a bayyane take. Wanda ya sayar da gida bayan shekara biyar yana zaton yana da kaso mai tsoka a ciki, sai ya tarar yawancin kuɗin sayarwar na banki ne.

Abin da ke hannunka shi ne tsawon wa'adi. A kan wannan ma'auni na shekara, idan ka yi shekara 20 kisɗi zai zama kusan 5,310, riba ta sauko wajen 554,000. Ƙarin 510 a wata ya cire maka kusan 166,000. Shekara 15, kisɗi wajen 6,220, riba kusan 399,000. Idan kuwa ma'aikacin banki ya ce bari ya sauƙaƙa maka ya mai da shi shekara 30, kisɗin zai ragu da ɗari uku da 'yan kai kawai, riba ta tashi zuwa wajen 895,000. Wannan sauƙin tsada gare shi. Ni a ganina ka ɗauki 20.

Hajiya Ummu Faisal, Jidda

Malam ya gama da na banki. Ɗana, bari in faɗa maka na bakin ƙofa, don shi ne ke kayar da mutane tun ba a shiga gidan ba.

80,000 ɗin da ka tanada ba zai ishe ka ba. Akwai la'adar dillali, sa'ayi, kashi 2.5 na farashi in ba a rubuta wani abu daban ba: 20,000 ke nan, kuma in ofishin na da rajistar haraji za a ɗora kashi 15 a kan la'adar, ƙarin 3,000. Kuɗin takarda na banki doka ta tsayar da shi a kashi 1 na bashin ko 5,000, wanda ya fi ƙanƙanta, to naka 5,000 ne da harajinsa. Sai harajin cinikin gidaje, kashi 5, wanda aka fara a watan Oktoba 2020. A wannan shaggar 40,000 ne. A doka a kan mai sayarwa yake, amma a kasuwa sau da yawa mai saye ake jibga wa. Kai da yake ɗan ƙasa ne kuma gidan farko, gwamnati na ɗauke shi har zuwa farashin miliyan ɗaya, amma ba haka kawai yake faɗuwa ba. Sai ka ciro takardar shaidar a Sakani, shirin gidaje na gwamnati, kafin ranar ifragi, ranar da za a juya sakki, wato takardar mallakar gidan, zuwa sunanka. Ka yi wannan tun yanzu.

Babban ramin shi ne ƙiyasi. Banki ba ya ba da kashi 90 na abin da mai gida ya faɗa, yana ba da kashi 90 na abin da mai ƙiyasinsa ya rubuta. A ce ya zo ya zagaya, ya auna, ya dubi cinikin da aka yi a layin, ya rubuta 760,000. Banki zai tsaya a 684,000. Mai gida kuma yana nan a kan 800,000. Cikon ya koma 116,000, ba 80,000 ba. A nan ne mutum ke rugawa ya ci bashin kansa don ya cike, sai ya wayi gari da kisɗi uku a kan albashi ɗaya. Saboda haka kada ka ba da arbun, kafin alƙalami, sai an rubuta a takarda cewa in banki ya ƙi ko ƙiyasi ya gaza, za a mayar maka da kuɗinka. Doka ba ta yarda arbun ya wuce kashi 5 na farashi ba, kuma ka tambayi dillalin lasisinsa na Fal, wato lasisin dillancin gidaje. In ya fara kame-kame, ka san inda aka dosa.

Sannan shagga sabuwa yawanci fanko ake ba da ita: ba kabad ɗin kicin, ba mukayyif, wato na'urar sanyaya ɗaki, wani lokaci ko hitar ruwa babu. Ɗaki huɗu da falo a zafin Jidda, ka ƙirga mukayyif biyar. Ka tambayi kuɗin ƙungiyar masu gida, wanda ake haɗawa don lifta, mai gadi, shara da famfon tura ruwa sama, domin wannan ba ya ƙarewa ko bayan shekara 25. Ka je gidan da yamma ka tambayi maƙwabta sau nawa suke kiran wayit, tankar ruwa, a wata. Ka tabbata mitar wuta taka ce kai kaɗai. In ginin sabo ne, ka nemi takardar inshorar ɓoyayyen aibi ta shekara 10. Ka hau rufin ka ga yadda aka yi shafen hana yoyo, ka kuma dubi silin ɗin banɗaki, domin tabon ruwa ba ya ɓuya ko an yi sabon fenti.

Baba Na-Misfala, Makka

Yaro, tambaya ɗaya ba ka amsa ba, kuma komai a kanta yake: murabaha ce ko ijara?

In murabaha ce, banki ya sayi gidan ya sayar maka a kan farashin da aka yanke, sakki ya fito da sunanka, a rubuta jingina a jikinsa. 4,800 ɗin nan shi ne har ƙarshe. In ijara ce, gidan na hannun mai ba da kuɗin, kai ɗan haya ne da alƙawarin mallaka a ƙarshe, kuma da yawa daga irin wannan yarjejeniya ribarta mai motsi ce, an ɗaure ta da Saibor, farashin da bankuna ke ba juna bashi. Riyal a ɗaure yake da dala, 3.75, tun 1986, don haka in Amurka ta ɗaga, nan ma sai a ɗaga. An gani da ido: a 2021 Saibor na wata uku bai kai kashi 1 ba, a ƙarshen 2023 ya haura 6. Ka ɗauki lissafin Ɗanjuma, a shekara ta biyar ana bin ka 651,000. In ma'aunin ya tashi da maki biyu kawai, kisɗinka ya koma kusan 5,600. Albashi kuma bai ji labari ba. Mai motsi yakan fara da araha, shi ya sa yake da farin jini a teburin talla. Ka nemi sakin layin da ya faɗi sau nawa ake sabunta farashin, da ko akwai iyakar da ba zai wuce ba. A ijara kuma ka karanta wa ke ɗaukar babban gyara na ginin kansa. Batun halacci malamai sun yi magana mai tsawo, ka kai wa wanda ka amince da iliminsa ainihin takardar ya karanta, ba sunanta kawai ba.

Ga 'yan'uwanmu masu iƙama, wato baƙi masu takardar zama, da ke karanta wannan, kada ku ɗauki lissafin nan naku ne. Kashi 10 da ɗauke haraji da tallafin Sakani na ɗan ƙasa ne. Mai iƙama sau da yawa kashi 30 ake nema a hannunsa, wa'adinsa ya fi gajarta, bashin kuma a rataye yake da aikin da zamansa ya rataya da shi. Dokar mallakar baƙi ta canza daga Janairu 2026, amma Makka da Madina na da nasu sharuɗɗa na daban. Sayen gida da sunan wani ɗan ƙasa kuwa, komai amincinku, ranar da ya rasu gidan na magadansa ne a takarda.

Injiniya Sabo, Madina

Malam Ɗanjuma, a gafarce ni, shekara 20 ɗin nan ba lallai ta wuce ba. Ƙa'idar Babban Banki ta 2018 ta ce mai samun 15,000 zuwa ƙasa, duka kisɗinsa kada ya wuce kashi 55 na abin da yake samu. Kashi 55 na 12,000 shi ne 6,600. 5,310 da 1,500 na mota sun kai 6,810. Sai dai in yana cikin masu tallafin gidaje, su ana kai musu har kashi 65. Kuma banki zai gani a Simah, inda ake ajiye bayanan bashin kowa, har da katin bashi da kayan da aka ɗauka biya-kaɗan-kaɗan. Ko da ya wuce, mai iyali a Jidda da saura 5,190 a hannu, ga wuta, ga makaranta, ai an matse.

Shawarata ya ɗauki 25 da riba tsayayya, mota na ƙarewa ya juya 1,500 ɗin kan uwar kuɗin gida. Na buga: zai gama a wajen shekara 16, ya tsira da abin da ya haura 250,000. Doka ta ba shi damar biya kafin lokaci, abin da banki zai karɓa na diyya ba zai wuce ribar wata uku masu zuwa ba, sai ɗan abin da ya kashe wa wani ɓangare kamar inshora. Wanda ya rufe bashin a shekara ta biyar, diyyar wajen 10,300 ce, a madadin riba kusan 501,000 da ke gaba. Abu biyu zai kiyaye. Yarjejeniyar gida na iya hana biyan gaggawa a shekara biyun farko, wanda a wajensa ya zo daidai da ƙarewar motar. Na biyu, ya sa su rubuta masa yadda suke karɓar biyan wani sashe, da kuma ko zai rage wa'adi ne ko kisɗi. Rage wa'adi shi ne ya fi rage masa ribar banki. In kawai ya zuba kuɗin a asusu bai cike takardar ba, za su zauna ne ana zarar kisɗi daga ciki, bashin bai motsa ba.

Abu Safiyya, Jidda

Allah Ya saka da alheri, Ya ƙara girma. Baba, na duba, murabaha ce. Saura ɗaya: in ta Allah ta kasance kafin a gama, ko aiki ya tsaya, iyali fa?

Hajiya Ummu Faisal, Jidda

Allah Ya ba da tsawon rai. In rasuwa ce ko naƙasa gaba ɗaya, ana yafe abin da ya rage a saki jinginar, amma akwai togaciya, kuma wadda ta fi kama mutane ita ce takardar lafiya da ake cikewa ranar sa hannu. Mai ciwon suga ko hawan jini ya rubuta babu don kada a ja masa rai, daga baya a ƙi biya, bashin ya faɗo kan magada. Ka rubuta gaskiya ko da za su tura ka gwaji.

Rasa aiki ba ya cikin yafiya. Abin da ke akwai shi ne sake tsara biya: in canjin ba da zaɓinka ya zo ba, ƙa'ida ta ce banki ya sake maka jadawali ba tare da ƙarin kuɗin takarda ba. Ka kai musu takardar sallama tun kafin kisɗin farko ya kuɓuce, ka karɓi lambar buƙatarka, in sun yi shiru ka shigar da koke a Babban Banki da wannan lambar. Ka kuma haɗa shekarunka da 25 ka ga ko wa'adin ya tsallake ritaya, domin fansho ba ya kai albashi. Kwafin yarjejeniyar da jadawalin biya, ka ba maman Safiyya ɗaya ta adana.