Musayar Waƙa: Karan Sigari, Naka Ne Ko Namu?

Mai Ashana ne ya taso da zancen, wai hukuma ta matsa wa masu shan taba. Sharaɗi ɗaya ne: duk mai amsa, ya amsa da baiti.

Mai Ashana:
Da gumina na sayi karan nan,
Ban roƙi sisin kowa ba.
Huhun da zai ƙone nawa ne,
Ba na gwamnati ko likita ba.
Ga haraji, ga hoton ciwo a kwali,
Sai ka ce yaron da bai san wuta ba.

Uwar Biyu:
Yaya, huhun naka ne, mun yarda,
Hayaƙi fa ba ya tsayawa gun mai shi.
Ɗana na da asma, ubansa na zuƙa,
Tsakar dare ina zaune ina ƙirga numfashi.
Fiye da mutum miliyan ɗaya a shekara, in ji hukumar lafiya ta duniya, WHO,
Ke mutuwa da hayaƙin da wani ne ya busa shi.
Ƙasar Ailan ta hana sha a wurin aiki tun 2004,
Mai son karansa ya fita waje ya zuƙe shi.

Tsohon Direba:
'Yar'uwa, Allah ya ba yaro lafiya,
Amma igiya in an ja da ƙarfi tana tsinkewa.
Afirka ta Kudu, 2020, lokacin korona,
Aka hana sayarwa, 'yan fasa-ƙwauri suka ci kasuwa.
Ƙasar Butan ma ta haramta tun 2004,
A 2021 ta dawo ta halatta sayarwa.

Na Daina:
Baba, gaskiyarka, ban ce a ƙulle kowa ba,
Tambayata ga Mai Ashana take, abokina.
Ina da shekara 15 na fara, don a ce na girma,
Shekara 20 nikotin ke ja min linzamina.
Na taɓa tone kwandon shara da asuba,
Ina neman guntun da na yar da hannuna.
Wannan ne 'yancin? To a hana talla, a tsare yara,
Babba ya sha, in har shi ne ke zaɓa, ba nikotin irin na jinina.

Mai Ashana:
Kwandon sharan nan, wallahi ka taɓa ni,
Ni ma na tona, ban faɗa wa kowa ba.
Uwar Biyu, ɗaki da mota na bar wa yara,
Barandata dai, ba zan ba ku ita ba.