Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu: ta hau kan Amurka bayan Biyetnam kuwa?

Ɗan Birni:
Assalamu alaikum jama'a. Karin maganarmu ta yau ita ce wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Wasu na cewa baƙin tsumma wasu su ce igiya, duk dai abu ɗaya ne. Ni a gida na fara ganin ma'anarta da idona, kakata maciji ya taɓa sarar ta a ƙafa tana ɗibar kara a bayan rumbu, Allah ya sa da sauran kwana a gaba, toh har ta koma ga Allah in magariba ta yi ta hango igiyar guga yashe a tsakar gida sai ta tsaya cak ta ce a kawo fitila. Abin da ya sa na ɗauko ta yau, jiya muna hira da ƙanina yake cewa wai haka Amurka ta koma bayan yaƙin Biyetnam. Sojojinsu sun haura dubu 500 a can a 1968, an kashe musu sama da dubu 58, suka sa hannu a yarjejeniyar Paris a Janairun 1973 suka janye, ranar 30 ga Afrilu 1975 Saigon, babban birnin Kudancin Biyetnam da suke mara wa baya, ta faɗi ana ta kwashe mutane da helikwafta daga ofishin jakadancinsu. Toh ta hau kansu ko ba ta hau ba? Kuma ita kanta maganar yabo ce ko zambo?

Ɗalibar Tarihi:
Wa alaikumus salam yaya. Ai ta hau ɗaram. A 1973 ɗin nan suka daina ɗaukar matasa soja dole, a shekarar kuma majalisa ta kafa dokar da ta ce shugaban ƙasa in ya tura soja faɗa sai ya sanar da ita cikin awa 48, in ba ta amince ba cikin kwana 60 ya dawo da su, Nixon ya ƙi sa hannu suka haɗa ƙuri'ar da ta fi ƙarfinsa dokar ta wuce. Da yaƙin Angola ya ɓarke gwamnatin Ford na tura kuɗi da makamai a ɓoye, majalisa ta toshe hanyar a 1976 don kowa Biyetnam yake hangowa. Har suna suka raɗa wa abin, ciwon Biyetnam, kamar wata cuta da ta kama ƙasa.

Baban Khalifa:
Ƙanwata ki yi haƙuri ni kam ban yarda ba. Wanda ya gudu don ya ga tsumma ai ba ya dawowa da sanda. Karin maganar da ta dace da su ita ce ja da baya ga rago ba tsoro ba ne. Ki duba, ranar 23 ga Oktoba 1983 aka tayar da bam a barikinsu na Bairut sojoji 241 suka mutu, kwana biyu kacal tsakani suka afka wa Grenada, ɗan tsibirin da bai kai wata ƙaramar hukuma ta Kano yawan jama'a ba. A 1991 suka tara soja wajen rabin miliyan suka kori Saddam daga Kuwait, faɗan ƙasa awa 100 aka yi an gama, Bush babba ya fito ya ce yau kam sun rabu da ciwon Biyetnam har abada. Mai tsoro ne zai yi wannan?

Ɗalibar Tarihi:
Toh amma yaya ka duba yadda suka yi yaƙin na 1991 mana. Colin Powell da ke shugabantar hafsoshi a lokacin sau biyu aka tura shi Biyetnam yana ƙaramin hafsa, ƙa'idarsa kuma kar a shiga sai an san abin da aka je yi, a shiga da ƙarfin da ya fi ƙarfin abokin gaba nesa ba kusa ba, jama'ar gida na goyon baya, kuma a san ƙofar fita tun kafin a shiga. Ba su wuce Bagadaza ba a lokacin. Kuma Bairut ɗin da ka ambata, ai zuwa Fabrairun 1984 Reagan ya kwashe sojojin. Wannan tafiyar mai tabon sara ce a ƙafa.

Dattijon Zango:
'Ya'yana duk kun kawo hujja, Allah ya yi muku albarka. Bari in koma kan tambayar Ɗan Birni ta biyu da kuka tsallake. Mu yadda muka taso muka ji manya na faɗinta, ba yabo ba ce ba kuma zambo ba, uzuri ake ba mutum da ita. Mace ta sha wuya a auren fari, manemi ya zo tana ɗari-ɗari, sai a ce ku ƙyale ta, wanda maciji ya sara. Ana nufin tsoron nata yana da dalili ko da abin da take tsoro yanzu ba komai ba ne. Nauyin maganar yana kan tsumman. Saboda haka kafin ku ɗora ta a kan ƙasa guda sai kun nuna min wane ne tsumman a cikin labarin, wato abin da suka guda alhali ba zai cuce su ba.

Uwar Biyu:
Baba na gode da wannan tambaya, don amsarta ce ke ci min rai. Ruwanda ce tsumman. A Oktoban 1993 aka kashe musu sojoji 18 a Mogadishu, aka nuna a talabijin ana jan gawa a titi, kafin ƙarshen Maris 1994 sun tattara sun bar Somaliya. Watan Afrilu aka fara yanka mutane a Ruwanda, wajen dubu 800 cikin kwana ɗari, mafi yawa da adda, kuma masu addan nan ba wata runduna ba ce da za ta gagari soja, amma Amurka ba ta motsa ba, har kalmar kisan ƙare dangi jami'ansu suka riƙa kauce wa furtawa. Clinton da kansa ya je Kigali a 1998 ya amsa cewa ba a yi abin da ya kamata ba. Wallahi duk sanda na tuna sai jikina ya yi sanyi.

Sannan akwai abin da ban so a karin maganar in an ɗora ta a nan. Kakar Ɗan Birni kara ta je ɗiba, ba ruwanta, maciji ya same ta. Su kuwa ƙetare teku suka yi suka je ƙasar wasu. Gwamnatin Biyetnam ta ce mutanenta wajen miliyan 3 ne suka mutu. In muka ce Amurka ce aka sara toh mun mai da masu gida maciji kenan, ni kam bakina ba zai iya ba.

Baban Khalifa:
Hajiya wannan kam gaskiya ne ban ja ba.

Ɗalibar Tarihi:
Anti maganarki ta sa na sake tunani. Ina ga kuskurenmu muna cewa Amurka kamar mutum ɗaya ce. Wadda aka sara ita ce uwar da aka ɗauke wa ɗa ɗan shekara 19 aka dawo mata da shi cikin akwati. A Washington akwai bangon baƙin dutse da aka buɗe a 1982, sunayen matattun ne jere a jiki babu muƙami babu komai, mutum zai zo ya lalubo sunan ɗan'uwansa ya ɗora takarda a kai ya goga fensir ya tafi da ita gida. Waɗannan su ke da tabon. Gwamnati kuma ita ce ragon Baban Khalifa, abin da ta koya shi ne yadda za ta yi yaƙi ba tare da ta tayar da mikin mutanen gida ba. Shi ya sa a 1991 aka hana 'yan jarida ɗaukar hoton akwatunan gawar soja in an sauke su a sansanin Dover, sai 2009 aka ɗage. Kuma tunda an daina ɗaukar soja dole, gidaje kaɗan ne ke da ɗa a bakin daga, sauran jama'a labari kawai suke ji, na tabbata hakan na cikin abin da ya sa shiga Iraƙi a 2003 bai yi musu wuya ba. Sai da gawa ta doshi dubu 4 da 500 kuma makaman da aka ce Saddam na da su ba a gan su ba, sannan mikin ya dawo sabo, har a 2013 Obama ya fasa kai hari Siriya bayan shi da bakinsa ya gargaɗi Siriya kar ta yi amfani da makami mai guba, don ya ga majalisa da jama'a ba sa so.

Na Agadas:
Ni ina bayan 'yar'uwa a nan, don mu mun ga sabon salon da idonmu. Sansanin da suka gina a gefen garinmu na jirage marasa matuƙi ne, da dare kana kwance a waje sai ka ji ƙugi sama-sama ba ka ganin komai. Da aka kashe musu soja 4 a Tongo Tongo a Oktoban 2017 har wasu sanatocinsu suka ce ba su san suna da soja masu yawa haka a Nijar ba, balle talakan can, namu sojojin da suka mutu tare da su a ranar kuwa da wuya ka ji an ambace su. A 2024 gwamnatinmu ta ce su tafi suka kwashe kayansu ba hayaniya.

Ɗan Birni:
Toh Baba ya kake gani, mu bar ta a kansu ko mu sauke?

Dattijon Zango:
Ɗana in za ka faɗe ta ka faɗe ta a kan uwar sojan nan da 'yata ta kawo, a nan ne ta zauna daidai, don ita ce ta cancanci uzuri. Gwamnati kam ban ba ta ba. Ni a rediyo na ji faɗuwar Saigon ina saurayi a shagon maigidana, ban taɓa zaton zan sake jin irinsa ba, sai ga shi a Agustan 2021 jikana ya miƙo min waya ina kallon mutane na bin jirgin sojan Amurka da gudu a filin jirgin Kabul bayan shekara 20 ana yaƙi, wasu sun maƙale a jikinsa yana tashi. Na mayar masa da wayar na ce ya kashe.